Furanni Huɗu Don Mama Luba

Karu, Abuja
9 ga Oktoba, 2005

Zuwa ga ƙanina Zulkifilu,

Assalamu alaikum. Ya ibada, ya karatu, ya sanyin ƙasar mutane? Ina fata kana samun abin buɗa baki da ya wuce dankali da kabeji. Mahaifinka, Baba Manniru, ya zo Abuja makon jiya bin takardun fanshonsa, ya kwana biyu a wurinmu. Ya ce in ja maka kunne, wai tun da ka tafi Rasha wasiƙa biyu kacal ka aiko, ɗayar ma duk zancen rigar sanyi ce. Ni dai lafiyata ƙalau, in ban da goslon Nyanya da ke cinye rabin rayuwata. Tun da aka sayar da gidajen gwamnati muka dawo Karu, biyar da rabi nake fita in ina so in riga oga isa ofis. Gari kullum sabon bene, kowa da salula a kunne, amma in na kira ka layi sai ya tsinke kafin mu gama gaisawa. Shi ya sa na koma takarda.

Mama ba ta da lafiya. Ciwon zuciyar nan ne, ga idon dama ya mutu, na hagu ma inuwa kawai yake gani. Amma ba wannan ya fi damuna ba. Ka san ta, Hausarta ta fi tawa gishiri, ita ce mai yi wa masu tumatir karin magana har su ƙara mata gyara. To yanzu sai ta wuni ba ta ce uffan da Hausa ba. Ta zauna bakin taga tana zuba Rashanci, ta ɗaga murya, ta sauke, ta yi shiru kamar mai jiran amsa, sannan ta ci gaba. Maƙwabciyarmu har ta kawo mini turare da lambar wani malami a Masaka. Ba aljanu ba ne. Maganganun wasanninta na dā take maimaitawa.

Na san za ka ce waɗanne wasanni. A dangi an gaya muku malamar makaranta ce kafin Babana ya auro ta. Ba haka ba ne. 'Yar wasan kwaikwayo ce, a dandamali da kuma a fim, shekara takwas cur, a wani gari da ake kira Malinsk a bakin kogin Volga. Sunanta na can Liyubof Kolmina. Kakarmu ce sunan ya gagare ta, ta mai da shi Luba.

Ga abin da take roƙo. Ta ce in ka shiga gidan wasan garin, akwai bango wajen matakala inda ake rataye hotunan 'yan wasan gidan. So take ta san ko nata yana nan. Tambayar da take yi mini ke nan safe da yamma, sai ka ce ni ce mai gadin wurin. Ta kuma ce ka nemi wata Tamara da suka yi ɗaki ɗaya, in tana raye. Ga hoton Mama na sa maka a ciki, shi kaɗai gare mu na wancan zamanin, ka riƙe shi da kyau. Ta ce ba a shiga gidan wasa hannu rabbana, ka sayi furanni ka riƙa.

Na duba taswira a ofis, na ga daga Rostov zuwa can faɗin yatsa biyu ne kawai. Don Allah ka daure ka je. Allah ya ba da sa'ar karatu.

Yayarka,
Rahmatu

*

Rostov, Rasha
1 ga Nuwamba, 2005

Zuwa ga Yaya Rahmatu,

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Wasiƙarki ta same ni jiya, kwananta ashirin da biyu a hanya. Ina lafiya, alhamdu lillahi. Azumin bana da sauƙi, rana gajeriya ce, sai dai sanyi ya fara cizo. Ki gaida Mama Luba, ki ce ina yi mata addu'a. A riƙa ba ta magani a kan lokaci, a kuma rage mata gishiri. Na san za ki ce likitan shekara biyu ya fara iyayi.

Yaya, yatsunki biyu awa goma sha huɗu ne a jirgin ƙasa. Ga jarrabawar ƙasusuwa a gabana, malamin kuwa ba ya karɓar uzuri. Kafin hutun Janairu ban ga hanya ba.

Gaskiya labarin ya girgiza ni. Na daɗe ina kallon hoton. Mace da gashi a buɗe, ta ɗaga haɓa, kamar wadda ba ta taɓa durƙusawa ta gaida kowa ba. Sai da na ƙura wa idon ido sannan na yarda ita ce matar da ke soya mana ƙosai in mun je hutu. Ban san me zan ce wa Baba ba in ya ji ɗan da ya tura koyon likita yana yawon gidajen wasa riƙe da fure. Kuma ƙasar da Mama ta bari ba ita ce wannan ba, har sunanta an canja, balle sunayen tituna. Shekara talatin ba kwana talatin ba ne. A ganina wani abin barinsa a rufe ya fi alheri. Amma ke ce babba, abin da kika ce shi za a yi.

Ƙaninki,
Zulkifilu

*

Karu, Abuja
24 ga Nuwamba, 2005

Zulkifilu,

Salamu alaikum. Mun yi Sallah lafiya, muna fata kai ma haka. Jikin Mama da sauƙi ba a cewa komai, ƙafafunta sun fara kumburi.

"Barinsa a rufe ya fi alheri." Sau biyar na karanta layin nan a ofis, har wadda muke tebur ɗaya ta tambaye ni ko mutuwa aka yi. Wato kai ma kunya ta kama ka. Ka ci ƙosanta ka ƙoshi, yanzu ka ji 'yar wasa ce sai ka fara neman murfi. To zauna in gaya maka wace ce kake jin kunyarta.

A shekarar ƙarshe ta babban yaƙinsu, yaƙin duniya na biyu, aka haife ta, ubanta ya tafi bai dawo ba, ko kabarinsa ba su sani ba. Uwarta a masana'antar kifi take aiki, Mama ta ce har ta girma ba ta san hannun uwa yana da wani ƙanshi ban da ƙarni ba. Tana da sha bakwai ta tafi makarantar koyon wasa da takalmin aro. Da ta gama aka ɗauke ta a Malinsk. Shekara biyu ana sa mata farin gashi tana fitowa a tsohuwa saboda muryarta mai kauri ce, sai ranar da babbar 'yar wasan gidan ta kwanta ciwo aka ce ta maye gurbinta. Daga ranar ba a sake sa mata farin gashi ba. Ta yi fim biyu. A ɗaya ta fito a yarinyar da ke tuƙa jirgin fito a kogi, aka nuna shi a faɗin ƙasar, har mata suka riƙa ɗaura kallabi irin nata. An riga an zaɓe ta a fim na uku sai ga Babana, ɗalibin injiniya da aka turo gwajin aiki a madatsar ruwan garin. Da maganar aure ta fito, shugabannin gidan suka kira ta ofis suka ce ta zaɓa, ko wasa ko aure. Kafin mako ya zagayo an cire sunanta daga takardun talla.

Da akwati ɗaya ta sauka Kano a 1975. Kakanmu ya karɓe ta, ta musulunta, ya kafa sharaɗi guda: kada a ƙara jin zancen wasa a gidansa. Ta riƙe. Ta bi Babana Kaduna, ta bi shi Suleja, ta zo Abuja tun tana daji da katafila. Har ya rasu ba ta karya sharaɗin ba.

Amma bari in daina ɗora maka, don laifina ya fi naka. Watanni uku da suka wuce Nafeesa ta ofishinmu ta zo duba ta. Ban san me ya hau kan Mama ba, sai ta ce mata, "'Yata, ni da kike gani, mutum ɗari shida sun taɓa miƙewa tsaye saboda ni." Nafeesa ta yi dariya ta ce, "Kai Mama, a ina?" Ta juyo ta raɗa mini, "Eyya, tsufa ne." Ni kuwa, 'yar da ta haifa, na ce, "Wallahi, rikicewa take yi kwanan nan." A gaban Mama na faɗa. Ido ne ya mutu, kunnenta ras yake. Washegari ta fara zaman taga.

Tun ina firamare nake ɓoye ta. Na ƙi yarenta don kada a ce mini 'yar Baturiya, yau ga shi tana magana a gabana ba na jin ko kalma. Abin yana cin raina, Zulkifilu, ba ni da wanda zan gaya wa sai kai. Likita bai ce mini komai ba, amma na ga yadda ya rufe fayil ɗin. Janairu ya yi nisa.

Rahmatu

*

Rostov, Rasha
19 ga Disamba, 2005

Zuwa ga Yaya Rahmatu,

Assalamu alaikum. Ina fata jikin Mama da sauƙi. Ni lafiya lau, sai mura. Ki yafe mini, ba kunya nake nufi ba. Tsoro nake kada in je in tarar ba hoton, in rasa abin da zan rubuto. Amma na je shekaranjiya Asabar, kuma na yi ɓarnar da ta fi wadda nake tsoro.

Da safe na sauka, ƙanƙara har gwiwa. A bakin tasha na ce wa mai furanni ta ba ni jajaye guda huɗu. Tunanina biyu na Tamara, biyu na gidan, don ɗaya ɗaya zai yi kama da rowa. Matar ta dube ni, ta sassauta murya, ta ɗaure su da baƙin ƙyalle. Na ɗauka ado ne. Yaya, ni Bahaushe, me ya haɗa ni da fure?

Gidan yana nan, bangon ma yana nan. Gefen dama hotunan masu wasa a gidan yanzu, gefen hagu na waɗanda suka mutu. Na bi su ɗaya bayan ɗaya har sau biyu. Babu Mama.

Akwai wata tsohuwa mai karɓar rigunan sanyin mutane tana ratayewa. Na ce ina neman Tamara, ta nuna ƙirjinta. Na ciro hoton. Ta dubi hoton, ta dubi furannin, sai kawai ta zame ta zauna a benci tana cewa, "Liyuba, Liyuba," tana kuka. Na fara bayani, ba ta saurare ni ba, kunnenta ma da nauyi. Ta damƙe wuyan hannuna ta ja ni cikin babban zauren, inda ake gwajin wasa. Ta ɗaga murya ta faɗi wani abu, kowa ya tsaya cak.

Rashancina na aji ne. Na san sunan kowane ƙashi a tafin hannu, amma in tsofaffi biyar suka haɗa baki ba na tsintar komai. Na ga an ɗora kujera a tsakiyar dandamali, an jingina hoton, an kwantar da furannin a gabansa. Na ce a raina, ashe haka suke girmama nasu. Wani tsoho mai sanda ya hau ya yi magana a hankali, shi na fi ganewa. Ya ce ya taɓa fitowa a mijinta, kuma in ta ratsa dandamali mantawa yake da abin da zai faɗa. Ya ce ranar da aka cire sunanta dukansu shiru suka yi, kuma shirun nan bai bar shi ya huta ba har yau. Sannan ya faɗi kalmar da muke faɗa a asibiti in mara lafiya ya cika. A nan na gane. Sun ɗauka rasuwarta na zo sanarwa.

Na buɗe baki, wallahi na buɗe. Sai Tamara ta ɗauki hoton ta rungume, ta sauko, ta bi tsakiyar kujeru ta nufi ƙofa. Duk suka miƙe, mutum kamar ashirin, har matasan da ba su taɓa jin sunanta ba, har mai shara. Suka fara tafi. Ba irin tafin biki ba, mai nauyi ne, a hankali, kuma ba su daina ba sai da ta fita ta dawo. Daga baya Tamara ta fahimtar da ni cewa al'adarsu ce, in ɗan wasa ya mutu da tafi ake raka gawarsa ta fita daga gidan. Ta ce tunda ba gawa, hoto ya wadatar. Kafin in tafi sun rataye shi a gefen hagu, da baƙin ƙyalle a kusurwa. Na bar su a haka, na sha shayinsu na kamo hanya.

Enoch, ɗan Kafanchan da muke ɗaki ɗaya, shekararsa biyar a nan, shi ya warware mini. Ya riƙe kai ya ce a ƙasar nan mai rai ɗaya ake kai masa, ko uku, ko biyar. Biyu, huɗu, shida na kabari ne. Ya ce ko ɗan yaye ya san wannan.

Na sa an yi makokin matar da ke raye. Kada ki gaya wa Mama. Ki faɗa mini yadda zan yi.

Ƙaninki,
Zulkifilu

*

Karu, Abuja
9 ga Janairu, 2006

Ƙanina Zulkifilu,

Salamu alaikum, da barka da jajiberin Babbar Sallah. Gari ya watse, kowa ya tafi garinsu, yau minti ashirin na yi daga ofishinmu na Jabi zuwa gida. Ya murar? Ka riƙa shan citta, in suna da ita.

Wasiƙarka ta zo ranar Juma'a. Na karanta a motar haya, na yi dariya, na yi kuka, har kwandasta ya ce, "Madam, lafiya?" Na shirya yadda zan yi: in karanta mata, in tsallake abin tsallakewa. Na ce mata ka je, ka ga Tamara, kuma hotonta yana bango.

Ta ce, "Wane gefe?"

Ban shirya wa wannan ba. Na ce hagu. Ta sake jefo tambaya.

"Fure nawa ya kai?"

Na ce huɗu. Zulkifilu, rabon da in ji dariyar Mama tun Babana yana raye. Ta yi ta yi har tari ya sarƙe ta. Ta ce, "Wawan yaro. Wawan yaron kirki." Sannan ta kama zanena ta ce, "Sun tafa?" Na ce sun tafa. Ta ce, "Koma farko ki karanta duka. Ina jin inda kike tsallakewa, numfashinki yana canjawa."

Sau uku na karanta mata. Da na zo kan tsoho mai sanda ta ce, "Girisha ne, matsoraci, ashe ya tsufa." Da na zo kan tafin kuwa sai ta gyara zama, ta ɗaga haɓar nan da ka gani a hoto. A ranar ta ci tuwo malmala ɗaya da rabi. Jiya ta sa aka kira maƙwabciyar nan mai turare, ta ba ta labari tun daga takalmin aro, da Hausa tsantsa. Ina zaune na ce, "Gaskiya ne, uwata 'yar wasa ce." Ban taɓa faɗa da bakina ba sai jiya.

Ga saƙonta, ka buɗe kunne. Ta ce kada ka koma, kada ka rubuta musu, kada ka gyara komai. Ta ce, "A nan in na mutu za a yi mini wanka, a sallace ni, a kai ni kafin la'asar, kuma haka nake so. Luba ke nan. Ita kuwa Liyubof an sallame ta yadda ake sallamar irinta, ni ma na ji da kunnena. Wa ya taɓa samun haka?" Na ce to Tamara fa, ba kya son ta san kina raye, ta rubuto miki? Can ta ce, "Ta riga ta yi kukanta. Kada a sa ta yi sau biyu."

Don haka ka kwantar da hankalinka, ka rungumi ƙasusuwanka. Allah ya yi maka albarka.

Yayarka,
Rahmatu

*

Rostov, Rasha
16 ga Janairu, 2006

Zuwa ga Yaya Rahmatu,

Assalamu alaikum, barka da Sallah. Ina fata kun yi lafiya, ina fata Mama ta samu sauƙi. Mura ta sake ni. Mun yi Idi a ɗakin wasannin motsa jiki, mu kusan arba'in, ba rago sai kaji.

Kullum sai na leƙa akwatin wasiƙu, ba amsarki. Na kira sau biyu layi bai shiga ba. Na ce ko fushi kika yi, kuma kina da gaskiya. Abin ya hana ni sukuni. In na tsaya salla sai in ga tsohuwar nan a benci tana kuka a kan ƙaryar da na bari ta tsaya. Da aka ba mu hutu na ce ba sai an gaya mini ba, wanda ya ɓata shi ke gyarawa. Ranar Asabar na koma Malinsk. Wannan karon Enoch ya rubuta mini bayanin a takarda, na kuma riƙi fure uku.

Tamara ta karanta, ta naushe ni a ƙirji, sannan ta jawo kaina ta sumbata. Tsoho mai sanda ya juya ya fita, ina jin kunyar abin da ya faɗa ce ta kama shi. Daraktan gidan, wani matashi, ransa ya ɓaci, ya ce an mai da su abin dariya. Ya ce bangon gefe biyu gare shi, na masu aiki a gidan da na matattu, ita kuwa ba ta cikin ko ɗaya. A gabana ya sa aka sauke hoton. Da Tamara ta yi masa magana sai ya ce ba komai, in lokaci ya yi a aiko da shi, za su mayar.

Ga hoton na dawo muku da shi. Ga kuma wasiƙar Tamara zuwa ga Mama, shafi uku. A kan teburin riguna ta rubuta, da manyan baƙaƙe a rarrabe saboda na gaya mata matsalar idon. Ta liƙe da kanta, ban buɗe ba, amana ce. Na san ba labari mai daɗi ba ne, amma ko ba komai yanzu gaskiya ce a tsakaninmu da su. Zuciyata ta yi sanyi.

Ƙaninki,
Zulkifilu

*

Karu, Abuja
24 ga Fabrairu, 2006

Ƙanina Zulkifilu,

Salamu alaikum. Ina fata kana lafiya. Na san Baba Manniru ya samu layinka ya gaya maka. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Mama ta rasu ranar Alhamis, sha shida ga wata, bayan sallar asuba. Jiya aka yi addu'ar bakwai. 'Yan ofis sun zo, 'yan Kano sun zo, har masu tumatir na kasuwa sun aiko wakili.

Wasiƙunmu sun yi saɓani a hanya. Ranar da kake cikin jirgin Malinsk, tawa mai cewa kada ka koma tana cikin wani buhu a wata tasha. Ba na zarginka. Na yi kwana biyu ina zarginka, har na rubuta maka takarda mai zafi na yaga. Abin da aka koya maka a gida shi ka yi.

Hoton na kulle shi a aljihun teburina na ofis, ƙarƙashin fayiloli. Wasiƙar Tamara kuwa kwana huɗu tana cikin jakata, ina kai ta aiki ina dawo da ita. Mama tana cin abinci, tana tsokanar mutane, har ta sa na yi mata lalle. Na ce in ƙone takardar kowa ya huta. Sai na tuna shekara nawa na yi ina ɓoye matar nan, yanzu kuma in ɓoye mata ƙawarta? Na ce wa kaina ai gaisuwa ce kawai da zancen dā.

Na gaya mata ka koma kafin saƙonta ya iske ka, Tamara ta san tana raye, har ta rubuto. Fuskarta ta sauya. Ta ce, "Hoton fa?" Na ce yana nan inda yake. Ta shafa takardar, ta kai ta hanci, ta kai ta kusa da idon hagu, ba ta ga komai ba. Ta miƙo mini ta ce in karanta.

Ina shekara shida ta koya mini baƙaƙensu, kafin in yi mata tawaye. Ashe suna nan a kaina. Ina iya haɗa su in fitar da sauti, amma ban san ma'anar ko ɗaya ba, kamar mai karanta takardar magani. Haka na fara. A shafin farko tana ta gyara mini, tana cewa, "Ɗaga murya. Kada ki haɗiye ƙarshen kalma." Wani wurin ta yi murmushi, wani wurin ta faɗi kalmar kafin in kai. A tsakiyar shafi na biyu ta daina gyarawa. Na ɗago na dube ta, ta ce, "Ci gaba." Na ci gaba har ƙarshe, ina jin muryata tana faɗin abin da ban sani ba, ina kallon hannunta yana murza bakin zane.

Da na gama ta ce da Hausa, "Kin karanta da kyau." Ta juya ta fuskanci bango. Daga ranar ba ta ƙara zama a taga ba, ba ta ƙara yin Rashanci ba, ba ta ƙara tambayar komai ba. In na kawo abinci ta ce ta gode. Kwana shida ta yi a haka.

Da maza suka ɗauki makara za su fita da ita, ina tsaye a bakin ƙofa, hannuwana biyu a cikin mayafi. Na so in tafa mata, Zulkifilu. Allah ya sani na so. Gida cike da surukai da malamai, ban iya ba.

Maganar mai da hoton ka bar ta tukuna, ba ni da ƙarfinta yanzu. Abu ɗaya nake roƙo. Ga kwafin wasiƙar Tamara na sa maka a ciki. Ka zauna da Enoch ku fassara mini ita kalma bayan kalma, musamman shafi na biyu. Kada ka tsallake, kada ka sassauta don tausayina. Ina so in san abin da na faɗa wa uwata da bakina.

Yayarka,
Rahmatu